Gayyar da na kira a gonar gindin dutse

Shekarun baya, lokacin ina acaɓa a Kano, mahaifina ya rasu ya bar mana gona a gindin dutse, can ƙauyenmu wajen Ruwan Bago. Ƙasa ce mai tsakuwa, tana cin fartanya, tana cin ƙarfin mutum. Wahalarta ce ta kora ni birni.

Damina ta farko bayan rasuwarsa, mahaifiyata ta aiko cewa ciyawa ta fi gero tsawo. In ba a yi noma a makon ba, bana babu abin zubawa a rumbu.

Na zo da tsarina. Da farko na tsaya kasuwar Rogo na sayi goro. Sannan na bi gida-gida na sanar da gayya ranar Asabar. Daga nan na ce a dama fura, a ɗora tuwo.

Mahaifiyata ta dube ni ta ce, "Kai gayyar wa ka taɓa zuwa?"

Na ce, "Inna, ai akwai abinci."

Ta ce, "To, Allah ya kai mu."

Ranar Asabar har hantsi ya dubi ludayi, daga ni sai ƙwaryar fura a gona. Samari sun tafi birni, waɗanda suka rage kuma ban taɓa sunkuyawa a gonar ko ɗayansu ba. Na fara noma ni kaɗai, nan da nan tafin hannuna ya yi bororo.

Sai ga dattawa suna gangarowa ta bayan dutse, kowa da fartanya a kafaɗa. Na durƙusa na gaishe su. Aminin mahaifina ya ce, "Ɗan birni, ka riƙe fartanya kamar kan babur. Matsa."

Da ya tofa yawu a hannu, ya ƙara da cewa, "Ba kiranka muka amsa ba. Marigayi bai taɓa fashin gayyar kowa ba. Ta bana tasa ce. Baɗi kuma ka san yadda za ka yi."

Kafin la'asar gona ta yi fes. Geron shekarar ya kai mu wata kakar.

Yanzu adaidaita sahu nake ja, har yau a Kano. Amma da ruwa ya zauna, sai in ba wani mukulli, in dawo gida. Duk gonar da aka kira gayya, ina sahun farko, kuma sai tawa ta zo ƙarshe. Bara da na kira, tuwo bai isa ba. Mahaifiyata ta tashi ta ƙara ɗora tukunya.