Gangar Noman Mahaifina

Ran nan mu biyar ne a falon ɗana a unguwar Pantai Dalam, can ƙasar waje inda yake aiki: ni, shi, matarsa, jikata mai koyon fiyano, da wani abokin aikinsa na jami'a da ya zo cin tuwo. Ana tsuga ruwa a waje. Jikata ta kunna talabijin ta ce, "Kaka, ga wanda nake koyon kiɗansa."

Wani dattijo ne ɗan Japan, kai fari fat, makaɗa cike da dandamali suna bin hannunsa. Ni ban yi boko ba, ita ta riƙa fassara mini. Wai tun yana saurayi aikinsa ke nan, yi wa fina-finai kiɗa. Sai ya zauna ya kalli hoton, yadda mutum ke tafiya, yadda iska ke kaɗa ciyawa, sannan ya ɗora sauti a kai. Yakan fara da ɗan amo kaɗan, ya yi ta maimaita shi, ya yi tsit, sannan ya sako shi gaba ɗaya.

Shirun nan ne ya mayar da ni gida. Mahaifina makaɗin gangar noma ne. Da damina, ranar gayya, nakan bi mata masu kai fura gona, ƙasa a jiƙe tana ƙamshi. Baba ba ya kallon gangarsa, bayan manoma yake kallo. In ya ga ƙugun wani ya yi sanyi, sai ya sako masa taken gidansu, ka ga mutum ya zabura. In garma ta daidaita kuwa, sai ya ɗauke hannu, a ji saranta kaɗai. Kakata takan ce mana, "Ku rufe baki, yana sauraron ƙasa."

Na ce, "Ai wannan aikin Baba ne."

Baƙon ya juyo. "Au, Hajiya, kakan Dakta makaɗi ne?"

Ɗana ya yi wuf ya ce, "A'a, manomi ne. Inna, shayinki zai huce."

Manomi! Da gangar nan aka ciyar da ni har na girma na shayar da shi. Kowace Asabar yana kai 'yarsa unguwar Cheras ta koyi kiɗan wani, amma kiɗan gidansu abin ɓoyewa ne. Ɗan Japan ɗin ban ga laifinsa ba. Mutanensa sun miƙe tsaye suna tafa masa, namu kuwa jikansa ya hana a ambace shi. Ganga, gara ta cinye ta. Gayya, tarakta da feshin maganin ciyawa sun kashe ta. Taken nan a kaina kaɗai ya rage, in na tafi ya tafi.

Na bari sai da baƙo ya tafi. Washegari da safe ɗana yana shirin fita aiki, na kifa robar wanki a tsakiyar falo na kira jikata.

"Zo nan, ƙawata. Wannan taken kakan ubanki ne. Makaɗi ne, ki riƙe."

Na buga mata. Ta gwada da 'yan yatsunta, ta ɓata, ta yi dariya, ta ce da yaren ƙasar wai za ta iya. "Boleh, Kaka! Sake!"

Uban yana bakin ƙofa, takalmi ɗaya a hannu. Ban dube shi ba. Na sake, da ƙarfi.