Doña Ondina da Rawar Mai Takaba

Akwai wani jan ƙyalle ɗaure a hannun kyamarar Doña Ondina Paguada, ya koɗe har ya kusa komawa fari. Da shi take goge gilashin kowace safiya, sannan ta hau bayan motar masu tsinkar kofi a tsaunukan Santa Bárbara. Shekara da shekaru ke nan tana haka. Ba ta hayar 'yan wasa, ba ta sa wa kowa magana a baki. Zama take da mutane har su manta da ita, sannan ta kunna.

Ƙa'idarta ɗaya ce: fim ba ya fita sai waɗanda ke ciki sun gani sun yarda. Wanda ya ce a cire shi, an cire.

Bana ta kammala fim ɗinta na ƙarshe, kuma a karon farko aka gayyace ta ta nuna shi a babban birni. Abin da ya ja hankalin masu gayyatar wuri ɗaya ne a fim ɗin: Fidelina, wata dattijuwa mai shanya kofi, cikin baƙaƙen kayan takabar mijinta, tana juya ƙugu da kiɗan rediyo. Fidelina ba ta gani ba tukuna. In ta ce a cire, gayyatar ta tafi.

Ranar Lahadi da hantsi aka taru kallon fim ɗin a ɗakin ajiyar kofi, an toshe tagogi da ƙofa da buhuna. Da aka zo wurin rawar, Ondina na can baya, ta ƙura wa ƙasa ido.

"Tsayar da shi, ƙawata," in ji Fidelina.

Aka tsayar.

"Wannan ni ce? Mijina ko wata uku bai yi a ƙasa ba!"

Don Melecio, ƙanen marigayin, ya ɗaga murya: "Ke ce mana, matar yaya! Ashe ƙafar yayana ce ta hana ki rawa duk shekarun nan!"

"Rufe mini baki, tsohon banza. Waƙar da ya nemi aurena da ita ce." Fidelina ta goge ido da gefen mayafi. "Mai da shi baya, Ondina. Ban ga takun da kyau ba."

Doña Ondina, ke ce kika nuna mana fuskokinmu ba tare da kin ƙwace mana su ba. Ke ce mai haƙurin jira. Mun gode. Masu tasowa da kyamara a hannu, ku koyi tambayar mutane kafin ku kai su gaban duniya.

Aka sake nuna rawar, ɗaki ya ɗauki tafi da shewa, ana ta kiran sunan Ondina. Ita kuwa ta ɗaga buhun da ke ƙofa ta fice abinta.