Baba Ari ya tafi, saura ni da hanyar Kelle

Da safen nan ina wanke fuska aka bugo mini: Baba Ari mai gyaran rediyo ya rasu. Innalillahi wa inna ilaihi raji'un.



Masu cewa tsoho ne mai ɓata wa matasa lokaci, ku riƙe bakinku yau. Ba ku san shi ba.

A shagonsa yake kunna mana tsofaffin finafinan Turawan nan marasa murya, baƙi da fari. Miji ya shigo, mata ta bi shi da muciya, faranti na tashi sama, gari ya wanke wa suruki fuska. Baba ne muryarsu duka, Hausa da Barbarci.

Ban taɓa shiga lakwal, makarantar boko, ba. A ɗan rubutun da ke fitowa tsakanin hotuna na koyi haɗa baƙi. Yakan tsayar da kaset har sai na gama, kowa na tsaki.

Da na yi wa matata Falmata saki ɗaya a kan miya, ta koma gidansu Kelle, bai yi mini wa'azi ba. Ranar Talata da la'asar ya kunna mana wani fim. Mijin na kumbura ƙirji, Baba ya sa masa maganata sak: "Ke, kin san ko ni wane ne?" Sai mijin ya faɗa bahon wanki.

Shago ya kwashe da dariya. Na miƙe, na ce masa tsohon banza. Wallahi na faɗa.

Ya ce, "Ibro ɗana, kashe murya ka kalli kanka. Asabar zan raka ka biko, ubanta ba ya jin maganar kowa sai tawa."

Ban waiwaya ba. Ganina da shi na ƙarshe ke nan.

Uwar Falmata ta aiko, iddar ta kusa cika. Gobe Asabar. Wanda zai yi mini baki yana cikin likkafani.

Daga maƙabarta tasha zan wuce. Ni kaɗai zan durƙusa gaban surukina, kome ya faɗa ba zan ɗaga murya ba.

Baba, ban nemi gafararka ba. Allah Ya gafarta maka, Ya haskaka kabarinka, Ya faranta maka kamar yadda ka faranta mana.

Duk wanda ya karanta, ya yi masa addu'a don Allah. In da saura, ku roƙa a buɗe mini ƙofa a Kelle.