Ranar da Labbo Ya Bari Aka Ci Shi

Shekara arba'in ke nan da muka kai yayana Labbo makwancinsa a Wurno. Har yau in na ga an tona gidajen dara a ƙasa, sai ya faɗo mini a rai.

Bai kai kaciya ba ya fara cin dattawa a dara. Babanmu kan saɓa shi a wuya zuwa kasuwar Gandi, a zaunar da shi gaban masu furfura, ya kwashe musu 'ya'ya yana tsotsar rake. Kafin ya yi gemu, daga Rabah har Goronyo babu mai ja da shi, Sarkin Dara ake ce masa. To, dara ba a yin ta mutum ɗaya. Wa zai zauna a yi masa dariya a banza? Wasu ma cewa suka yi aljani ke nuna masa. Sai ya tona gidaje gindin tsamiya bayan la'asar, ya jera tsakuwa da kara, ya zauna, mutane na wucewa suna gaishe shi daga nesa. Ni kuwa ban iya sosai ba, kuma ba na son kunya.

Kaɗaicin nan ne ya koya masa mugun tausayi. Ya fara bari ana cin sa jefi-jefi don a dawo gobe. Rannan wani dagaci, ba zan faɗi garinsa ba, ya zauna da shi gaban jama'a. Labbo ya ga ci a fili, ya kau da kai ya tura ɗansa wani gida. Dagaci ya ci, ya miƙe yana gyara rawani. Sai wani tsoho marar linzami a baki ya ce, "Ranka shi daɗe, ba ci kay yi ba, ba ka anka yi." Aka tuntsire da dariya. A wurinmu gara a lallasa ka da a ba ka sadakar ci. Dara ta ci gida.

Lokacin yaƙin Hitila ne, Turawa na neman ƙarti aikin kuza a Jos. A ƙauyen dagacin gonar Labbo take, kuma da aka ce dagacin ya ba da mutane, Labbo ya fara nunawa. Ya tafi da riga ɗaya cikin sanyin duwatsun can. Ya dawo da tarin da bai sake shi ba.

Yanzu ga madatsar Goronyo, ga albasa ko'ina, samari sun koma ludo da karta. Da yana nan mi zai ce? Ina jin ko tsaki ba zai yi ba, tambaya kawai zai yi ko akwai mai zama.

Ana gobe zai rasu ya sa na tona gidaje bakin tabarmarsa. Muka buga, ko ɗa guda bai bar mini ba. Ya ce, "Sani, ka ji haushi?" Na ce na ji. Ya ce, "Madalla. Haushin nan naka na, ba wanda ya ba ka shi."

Bai bar ɗa ba, gonar ma ta tafi. Abin da ya rage shi ne jikokina na cewa Kaka mugu ne, bai taɓa bari sun ci shi ba. Suna kuka, ina kwashe musu 'ya'ya. Gobe kuma su dawo su zauna.