Hamma, Mai Shan Duka a Fim

Babban wana, wanda muke kira Hamma kamar yadda ake yi a wajenmu, lodin shanu yake yi a kasuwar Mubi kafin fim ya ɗauke masa hankali. Kareti kuwa a gidan kallo ya koya, wajen kallon finafinan 'yan Cana. In ya tashi daga aiki sai ya gangara cikin yashin mayo, wato rafin garinmu, ya yi ta tsalle yana dukan iska har magariba.

Ina makarantar sakandare ya tafi Kano neman shiga fim. Sun ɗauke shi, amma kullum a yaron bos yake fitowa, wanda jarumi zai naushe ya tashi sama ya faɗo kan teburin mai shayi. In kaset ya iso unguwarmu Yelwa, mukan cika ɗakin maƙwabcinmu, mu yi ta mayar da shi baya don mu sake ganin fuskarsa.

Da ya zo hutun sallah na tambaye shi, "Hamma, me ya sa ba ka magana a fim?"

Ya yi dariya, ya ce an taɓa ba shi. Cewa aka yi ya shigo da gudu ya shaida wa bos yarinyar ta gudu. Shi kuwa da Hausarmu ta Mubi ya ce, "Yarinyan ya gudu." Har mai kamara sai da ya zauna don dariya. Daga ranar ba a ƙara ba shi ko kalma ba.

Wata dirowa daga kan katanga ce ta dawo da shi gida. Katifar da aka shimfiɗa masa ta goce, bayansa ya bugu. Da ya ɗan warware sai ya tara samarin unguwa yana koya musu kareti a bakin mayo. Ana cikin haka gari ya fara lalacewa da harbe-harbe. Mai unguwa ya zo da kansa ya ce, "Ka yi haƙuri ka sallami yaran nan. Yanzu duk wanda ya ga samari suna koyon faɗa a bayan gari, wani abu zai zata." Hamma bai yi musu ba.

Ranar da 'yan bindiga suka shigo Mubi, da ƙafa muka fita, muka nufi duwatsun Kamaru. Inna, mahaifiyarmu, ta gaza tun kafin mu fara hawa. Hamma ya durƙusa ya ce, "Hau, Inna." Na ce, "Bayanka fa?" Ko kallona bai yi ba. Ya goye ta har ƙauyen da muka sauka, ya ajiye ta a gindin tsamiya, ya kwanta gefenta. Tun daga nan bai ƙara miƙewa sosai ba.

Bayan mun dawo gida, a zaure ya yi jinyarsa, ƙafafunsa suna ta ƙanƙancewa. Da damina ya rasu.

Ana zaman makoki sai ga wani baƙo daga Kano, siriri, yana ɗingishi. Ya ce shi da Hamma tare suka yi shekaru suna shan duka a fim, ɗaki ɗaya suke kwana. Aka shigo da shi ya gaida Inna. Ta daɗe tana kallon ƙafarsa, sannan ta ce, "Ɗana, gaya mini gaskiya. Da gaske ake dukanku?"

Ya sunkuyar da kai. "Ba kullum ba, Inna. In jarumin bai iya ba ne hannunsa yake samunmu."

"Suna da yawa, waɗanda ba su iya ba?"

"Da dama," in ji shi.

Inna ta ja mayafinta ta rufe fuska. Ni na tashi na je ɗebo masa ruwa.