Sabo Maiwalda da Wutar Nukiliya

Sabo ɗan maƙera ne, haifaffen Kangire. Yana saurayi aka samu 'yancin kai, amma ba bikin ne ya fi tsaya masa a rai ba. A shekarar ne labari ya bazu cewa Faransawa sun fasa wani bam a Sahara, kuma iska za ta kwaso gubarsa ta yo kudu da ita. Mahaifiyarsa, Inna Batulu, ta rurrufe randunan gida, ta hana kowa taɓa ruwan farkon damina. Ba wanda ya ko yi tari a gidansu, amma Sabo bai manta da tsoron da ya gani a fuskarta ba.

Da arzikin mai ya shigo ƙasa, ya tafi Kano ya koyo walda, ya dawo ya kafa rumfa a bakin titin Birnin Kudu. Wani tsohon janareto ne ke ba shi wuta, yau ya tashi, gobe ya ƙi. Duk garin an san ba mai ƙishirwar lantarki kamarsa.

Wata rana wani jami'i ya zo daga Kano, aka tara mutane a ƙofar gidan hakimi. Ya ce gwamnati na tunanin ƙara wa ƙasa wuta da makamashin nukiliya, wutar da ba ta ɗaukewa. Alhaji Badaru, ɗan kwangilar da ke ba Sabo aikin ƙofofi da tagogi, ya zungure shi.

"Tashi ka yi godiya, Sabo. Kai aka yi wa."

Sabo ya miƙe ya dubi jami'in. "Ranka ya daɗe, wannan ita ce ta bam ɗin Faransawa?"

"Asalinsu ɗaya, amma wannan ta zaman lafiya ce."

"To ina za a zubar da tokarta?"

Jami'in ya ce gaskiya bai sani ba tukuna, masana na kan bincike.

"To ni ban gode ba tukuna," in ji Sabo. "Ina son wuta fiye da kowa a nan. Amma ba zan yi tafi a kan abin da ban san inda zai bar 'ya'yana ba."

Wani dattijo ya ja bakin rigarsa don ya zauna, amma Sabo ya ƙi zama sai da ya ga dama.

Alhaji Badaru ya ce an kunyata shi a gaban baƙo, ya janye aikinsa. Matar Sabo, Jummai, ta roƙe shi ya je ya ba da haƙuri.

"Haƙurin me, Jummai? Tambaya na yi, ban zagi kowa ba."

Ya koma bin kasuwannin Gwaram da Basirka da janaretonsa a bayan akori-kura, yana liƙe garma da amalanke. Gidan ya ji jiki sosai, har tuwon dare ya ragu, amma bai taka ƙofar Alhaji ba.

Maganar nukiliya ta bi ruwa, ba a sake jin ta a garin ba. Daga baya aka ja wayar lantarki ta gama-gari har rumfar Sabo. Wata damina motar Alhaji Badaru ta karye a kusa da Kiyako, aka jawo ta wurin Sabo. Ya liƙe ta tsaf. Suka gaisa, suka tambayi iyali, suka rabu a haka.