Sunan 'Yar Fari

Muhibba ta tashi a wata ruga a bayan Sheda, kuma har mahaifinta Modibbo ya koma ga Allah bai taɓa kiran sunanta ba. Ita ce 'yar fari, a gidansu kuwa iyaye ba sa faɗin sunan ɗan fari saboda kunya. "Ke" yake ce mata, ko "yarinyar nan". Amma ko ana tsuga ruwa, shi ke raka ta bakin titi ta hau motar makaranta.

A Mararaba na san ta, muna koyarwa a firamare ɗaya. A cikin cunkoson motoci take rubutu a waya, da yatsa ɗaya. Littattafanta huɗu na farko, in ban da mu ƙawayenta ba wanda ya leƙa. Na biyar ne ya karɓu, labarin wani makiyayi da 'yarsa Zulai. Duk wanda ya san Modibbo, da ya karanta zai gane shi.

Sai wani kamfani a Abuja ya ce ta mayar da littafin wasan talabijin. Ta ajiye alli ta tafi, muna ta yi mata guɗa. Daraktan, Oga Leonard, mutumin kirki ne, sai dai Hausarsa iyakarta kasuwa.

"Madam, wannan baba ba ya son yarinya ne?" in ji shi. "Ko sunan shi ba ya kira."

Sau uku tana yi masa bayani, yana cewa, "No wahala, na gane."

Wallahi bai gane ba. Ranar da aka ɗauki kashi na ƙarshe, inda uban ke cikawa, Muhibba na maƙale a cunkoson Karu. Oga Leonard ya ga wurin bai taɓa zuciya ba, ya sa ɗan wasan ya riƙe hannun 'yar yana kuka yana kiran "Zulai! Zulai!" har sau biyar.

Sai bayan an gama tace wasan ta gani. Ta roƙa a cire, aka ce an riga an miƙa wa gidan talabijin. Ta je can, aka bar ta a benci tun safe har la'asar. Ni na raka ta, kuma ban taɓa jin takaici irin na ranar ba.

Mutanen ruga sun taru a gidan wani mai talabijin sun kalla, har da mahaifiyarta. Washegari da hantsi tsohuwar ta kira, ina zaune kusa ina ji.

"Malam ya rayu da kunyarsa, ya mutu da ita," in ji ta. "Ke kin tashe shi kin tsige masa ita a bainar jama'a."

"Inna, wallahi ba ni ba ce."

"To sunan wa aka rubuta a ƙarshe?"

 Sunan Muhibba ne, da manyan haruffa.